Ranar da Wule ta Sake Murya

Shekaranjiya da hantsi ɗan maƙwabcina, wani saurayi mai shago a kasuwar Tibiri, ya shigo gidana da waya a hannu. Ya durƙusa ya gaishe ni, sa'an nan ya miƙo mini wayar ya ce in duba masa ragonsa, ba ya jin daɗi. Na sa tabarau na duba, sai ga hoton rago tsaye a jikin katanga, ba motsi ba sauti. Shi dai abin da yake so in faɗa masa sunan allurar da zai saya. Na tambaye shi ko ragon yana tuƙa, ya ce bai lura ba. Na ce in an zuba dusa, yana rige-rige da sauran ko sai sun watse yake matsowa? In ya kwanta, kansa yana sama ko ajiye shi yake a ƙasa? Kukansa fa, irin wanda ka saba ji ne? Ya yi murmushi cikin ladabi ya ce, “Baba, ni da nike hita tun da sassahe in komo da almuru, ina nig ga lokacin sauraren kukan rago?” Na ce masa to ya ɗauki butar shayinsa ya je ya zauna kusa da ragon ya sha a can, gobe ya zo ya ba ni labarin abin da ya gani. Bai komo ba. An ce ya sayi kafso wajen masu talla a faranti ya ɗura masa.

Ban ga laifinsa ba, haka zamanin ya zo musu. Amma tun da ya fita zuciyata ta ƙi zama wuri ɗaya. Na yi aikin likitan bisashe tsakanin Dutsi da Tibiri har ƙarfina ya ƙare, na bi ƙauyuka da rugage a kan doki, na bi su a kan keke, daga baya a kan moto, wato babur. In aka tambaye ni inda na koyi aikin sai in ce lakkwal, wato makarantar boko, don ita ce amsar da ba ta jawo wata tambaya. Lakkwal ta ba ni jaka da takarda. Aikin kansa wurin wani tsoho na same shi, kuma sai da ya rasa ransa sannan karatun ya shiga kaina.

Garinmu yana gefen babban kwarin nan ne da ake kira dallol, ta wajen Geceme, inda goruba da giginya ke tsaye cikin gonaki. A lokacin ƙuruciyata, da an gama yankan hatsi an ɗaure dammuna an kai rumbu, sai a fara sa ido a hanyar arewa. Wata safiya sai ka ji ƙahonni na gugar juna, maruƙa na kuka, ka san Fulani sun sauko. Kowane maigida yana da Bafillatanin da ke sauka a gonarsa shekara da shekaru, shanu su ci kara su bar taki, mu ba su hatsi su ba mu nono. Namu shi ne wanda muke kira Baffa. Tun kakana yana raye yake sauka a gonarmu ta gindin gawo, shi da matarsa Inna da ƴaƴansu maza biyu. Shi da mahaifina ba su cika yawan magana ba. Sukan zauna kan buzu ɗaya su raba goro ɗaya, su yi shiru suna kallon shanu, su tashi kowa ya gamsu da hirar. Aikina ne kowace safiya in kai ƙwaryar hatsi ruga in komo da nono, kuma har yau sautin wurin bai bar kunnena ba. Madara tana tsiyaya cikin ƙwarya, da farko da ƙara, in ta fara cika sai sautin ya yi laushi saboda kumfa. Maruƙa a dangwali suna jan igiya suna kiran iyayensu. Inna tana kaɗa nono a gora tana ƴar waƙarta da Fillanci, daga can cikin gari lugude na tashi, kurciya na amsawa a kan gawo. Yanzu gonar nan magada sun yayyanka ta, kowa ya kewaye nasa. Taki a buhu ake sayensa, burtalin da shanu ke bi ya koma gona, in kuwa aka hango makiyayi ya doso gari sai a fara kiran waya ana tambayar ko lafiya.

Abin da ke ba ni mamaki ina yaro shi ne tsayuwar Baffa. Kafin a kwance ko saniya ɗaya sai ya tsaya a gefen garke, ya dogara sanda, ya ɗora ƙafa ɗaya a kan gwiwar ɗayar, ya yi ta kallo har rana ta ɗaga. Na ɗauka son jiki ne irin na manya. Wata rana na tambaye shi me yake kallo, ya ce gaisawa yake da su, yana tambayarsu yadda suka kwana. Na yi dariya, shi bai yi ba. Ya shiga nuna mini da sanda. Saniya mai lafiya in ta tashi sai ta yi miƙa ta gantsare, wadda ta tashi ba miƙa akwai magana a cikinta. Hancin mai lafiya da raɓa a kansa, gashinta da sawun harshe inda ta lashi kanta, don marar lafiya ba ta kula da kwalliya. Wadda ta saba shiga gaba ta koma baya, da wadda ta ware ta tsaya ita kaɗai, da wadda ƙuda ke sauka a kanta wutsiya ba ta motsi, da wadda ta kwanta bakinta ba ya tuƙa, duk sun riga sun faɗi damuwarsu, sai dai in mai su kurma ne. Yakan ce bisa ba ta da baki amma ba ta iya ƙarya ba, ɗan Adam ne ke cewa lafiya lau alhali ciwo na cinsa. Yakan ce ido ke fara magani, kunne ya bi masa, hannu shi ne auta. Ya san muryar kowace saniya a garkensa. In ɗaya ta yi kuka a bayan tudu sai ya faɗi sunanta, ya kuma faɗi ko ɗanta take nema ko ƙishi take ji.

Sai aka ɗauke ni lakkwal. Mahaifina bai so ba, amma a lokacin ba a tambayar uba ko yana so. Daga garinmu zuwa Dutsi, daga Dutsi zuwa Yamai, har na komo da kaki a jiki da jakar fata a kafaɗa, a cikinta da sirinji da ma'aunin zafi da wani littafi mai kauri da Faransanci. Aka turo ni aiki ƙasarmu. Gemuna bai gama fitowa ba mutane suka fara kirana Likita, tsofaffin da suka ci tuwon sunana suna tashi mini daga tabarma. Abin ya hau mini kai. Na iya sunayen cututtuka da harshen da ba mai ji, kuma na lura in na faɗe su mutane kan yi tsit. Tsayuwar kallo irin ta Baffa na mayar da ita abin jahilai. Da na sauka daga doki sai in ce a kama, a kayar, a danne. Baffa ma ya koma kirana Likita, ban taɓa gane ko girmamawa ce ko zolaya ba.

Cikin bazarar shekarata ta biyu a aiki, lokacin da ciyawa ta ƙare shanu na cin duk abin da suka tarar, aka aiko mini cewa Baffa na nemana a rijiyar bayan gari. Na iske masu ban ruwa da mata masu ɗiba sun kewaye wata saniya. Wule ce, ja mai farin goshi, wadda Baffa ya fi ƙauna, wadda Inna ke tatsa ba tare da an ɗaure mata ƙafa ba. Tana tsaye a bakin kwamin da ake zuba wa shanu ruwa, miyau na dalala daga bakinta kamar zare. Ta sa baki a ruwa ta kasa haɗiya, ta ɗaga kai ta yi kuka, ta sake yi, ba hutawa. Kwana biyu ke nan ba ta ci ba ta sha, nononta ya ƙafe. Kallo ɗaya na yi mata na yanke hukunci, na ce ƙwallon goruba ne ya maƙale mata a wuya. Na sha ganin haka a bazara, kuma alamun sun yi daidai da na littafi: dalala, kasa haɗiya, miƙe wuya. Na ce a kama ta a buɗe bakin in zaro shi.

Baffa ya matso kusa da ni ya yi magana ƙasa-ƙasa, don kada jama'a su ji yana yi wa ma'aikacin gwamnati gyara. Ya ce in saurari kukan. Ya ce wadda abu ya shaƙe cikinta kan kumbura, kuma ba ta samun sukunin kuka irin wannan. Ya ce in dubi kunnuwanta yadda suka miƙe gaba, in dubi yadda take bin kaza da ido kamar ba ta taɓa ganin kaza ba, jiya ma har ta kai wa jakin Inna karo, ita da ko maraƙi ba ta taɓa turewa ba.

“Wanga ba kukan Wule ba ne, Likita,” in ji shi. “Mu ɗaure ta ƙarƙashin icce, mu ga abin da gobe za ta ce.”

Da mu biyu ne kawai, wataƙila da na ji. Amma akwai idanu a kaina, har da na yarinyar da nake nema a lokacin, wadda daga baya ta zama uwar ƴaƴana, tana tsaye da tulu. Na ɗaga murya na ce in aka bar ta zuwa gobe mushe za a tarar, kuma ni ba duba na zo yi da kukan saniya ba, aiki na zo yi. Wasu suka yi dariya. Na naɗe hannun riga har kafaɗa. Safar roba da aka ba mu na baro ta a wurin aiki, ban ga dalilin komawa ɗauko ta ba. Ƴaƴan Baffa suka kama ƙaho, aka sa itace tsakanin muƙamuƙanta. Ina miƙa hannu sai na ji an riƙe ni, riƙo mai ƙarfi irin wanda ban zaci tsoho na da shi ba. Baffa ya ce ba ta san hannuna ba, za ta taune ni, nasa ta sani. Ya ture ni gefe a hankali, ya yi bismilla, ya zura hannunsa har gwiwa. Na ga hannun sarai kafin ya shiga, igiyar guga ta tsattsage shi, ga wani sabon yanka a gindin babban yatsa. Ya yi ta lalube, saniyar ta fizge kai, haƙoranta na ciki suka karce shi. Ya zaro hannun sharkaf da miyau da ɗan jini, ya ce bai taɓa komai ba. Na ce to ƙwallon ya yi ƙasa ne. Na ɗura mata man gyaɗa, rabinsa ya zube, na hau dokina na tafi. Shi kuwa ya goge hannu da ƙasa ya ɗauraye da ruwan guga, ya koma ban ruwansa.

Kwana uku bayan haka ƙafafunta na baya suka saki, ta faɗi, muryar ta dushe, da hantsi ta mutu. Tun tana da rai Baffa ya hana a sa mata wuƙa, ya ce ba mai cin naman nan. Ni kuwa don in wanke kaina na zo na tsaga wuyan tun daga maƙogwaro har tumbi, wannan karon da safar roba a hannuna. Babu goruba, babu ƙashi, babu komai. Ina durƙushe a wurin sai wani shafi na littafin nan ya faɗo mini a rai, shafin da na haddace don jarrabawa na manta da shi. An rubuta cewa saniyar da haukan kare ya kama takan yi kama da wadda abu ya shaƙe, kuma kada a kuskura a sa mata hannu a baki. Abin da na fara yi, Allah Ya yafe mini, shi ne na koma gida na wanke hannuwana da sabulu, na yi ta juya su a rana ina neman ko ƙwarzane. Babu. Na ji daɗi. Sai da daɗin ya wuce na tuna da hannun Baffa.

Na san akwai allura a Yamai, in an yi ta da wuri tana tare ciwon kafin ya kai ga kai. Na san abin da ya kamace ni shi ne in tafi ruga a ranar in faɗa. Amma in na faɗa, dole in tsaya gaban mutanen da suka yi dariya a rijiya in ce tsohon ne da gaskiya, in kuma rubuta wa manyana abin da na aikata. Sai na shiga lallashin kaina. Na ce ai ban tabbata ba, tunda ba a kai kan saniyar an auna ba. Na ce ban taɓa jin saniya ta sa wa mutum haukan kare a ƙasarmu ba. Na ce ba ma wanda ya ce kare ya cije ta. Kullum in ce gobe. Na daina bi ta gonarmu, in na hango Baffa a kasuwar Dumega sai in faɗa wata rumfa. Na ji labarin ciwon hannunsa ya warke, na ƙara samun abin dogara. Haka watan ya mutu, wani ya tsaya har ya yi nisa.

Inna ce ta tone mini ƙaryata, ba da saninta ba. Ta kawo wa mahaifiyata man shanu, suna hira a tsakar gida ni ina alwalar la'asar, sai na ji tana cewa ita dai tun ranar da dilan nan ya shigo ruga ta san shekarar ba ta alheri ba ce. Wane irin dila ne zai shigo cikin mutane da rana tsaka, yana tangaɗi, ana jifarsa ba ya gudu? Ya doshi dangwali, Wule ta tare wa ɗanta, ya cije ta a leɓe, ɗan ciwo kaɗan har an manta da shi. Na tsaya da buta a hannu. Da na yi tambaya ɗaya tak a rijiya, da an ba ni wannan labari tun a ranar.

Ina idar da salla na nufi rijiya, na iske shi yana jan guga. Na faɗa masa sunan ciwon, da yadda yake shiga jikin mutum, da maganar allurar, na ce dole mu tafi Yamai. Abu ɗaya na ɓoye, ban ce masa tun ranar da na tsaga wuyan na sani ba. Ya saurare ni har na gama, ya juye guga a kwami, ya ce ya taɓa jin irin kukan nan sau ɗaya yana saurayi, a garken kawunsa, shi ya sa bai so a taɓa ta ba, sai dai bai tabbata ba. Na ce to don me ya sa hannunsa?

“To da naka za a sa?” Ya dube ni. “In ce ma babanka mi?”

A lokacin mota ɗaya ce ke biyowa ta wajenmu, ranar kasuwa, ta kai mutum Dutsi, daga can ya nemi ta Yamai. Yau mai moto zai fitar da kai bakin kwalta kafin ka gama taunar goro. Ya yarda za mu tafi ranar kasuwa. Kafin ranar ta zo ruwan shuka ya sauka, ya zama dole a fitar da shanu daga gonaki. Ya ce sai ya raka ƴaƴansa ya ɗora su a hanyar arewa, kwana biyu ya komo. Na roƙe shi, ya ce ba a taɓa tashin garkensa ba ya nan ba. Ya komo kuwa kamar yadda ya ce, amma yana sosa hannun. Ya ce wurin da ya warke ne ke masa zugi, kamar cinnaku na yawo a ciki har kafaɗa. Da na ji haka na san mota ba ta da sauran amfani.

Mahaifina ya ɗauko shi ya sa shi a zaurenmu, Inna ta dawo wurin mahaifiyata. Zazzaɓi ya fara, sai rashin sukuni, sai tsoron ruwa. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa a bakin rijiya, in aka doso shi da moɗa sai wuyansa ya shaƙe ya kau da kai yana makyarkyata, ga ƙishi na cinsa. Gari ya rabu biyu. Wasu suka ce doguwa ce, aljanar rijiya, ta taɓa shi, a kira masu bori su ba ta haƙuri, wasu suka kawo malami ya yi rubutu. A lokacin ba a ɗauki haɗa biyun abin faɗa ba, da yau ne da samarinmu sun tayar da wa'azi a ƙofar gida. Masu bori suka zo suka tafi. Rubutun kuma Baffa ya karɓe shi da hannu biyu, ya kai baki sau uku ya kasa, ya ce a shafa masa a ka, Allah Ya ga niyya. Na tsaya a ƙofar zaure na ce wa jama'a ba iska ba ce, ciwon Wule ne, kada kowa ya taɓa miyansa, kada a sha a moɗarsa. Ranar ce na fara yin aikina daidai, bayan ya riga ya kuɓuce wa mai shi.

Tsakanin tashin ciwon hankalinsa kan komo sarai. A irin wannan lokaci ya kira mahaifina ya ce a kawo igiya a ɗaure shi a ginshiƙin zaure, don yana jin abin na zuwa kuma ba ya son ya cuci kowa. Mahaifina ya ce shi ba zai iya ba. Baffa ya ce ai shi ya ɗaure bisashe da yawa, kuma ba don yana ƙinsu ba. Ni na ɗaure shi. Shi ya nuna mini irin ƙullin da ba ya cin fata, wanda ake yi wa maraƙi. Yana ta tambaya ko shanu sun kai ruwa, yana kiransu da sunayensu ɗaya bayan ɗaya. A rana ta huɗu jikinsa ya saki, muka kwance igiyar. Mahaifina ya ɗora kansa a cinya yana laƙƙana masa kalmar shahada, ya cika tsakanin azahar da la'asar ana yayyafi. Ƴaƴansa suna can arewa, sai bayan an yi addu'ar bakwai saƙo ya same su.

Inna ta yi takabarta a gidanmu. Ɗan Wule ba a tafi da shi arewa ba, ni na ce a bar shi a ɗaure shi daban, mu ga ko ciwon zai fito masa. Damina guda, kowace safiya kafin in tafi aiki sai in tsaya a gefen turkensa in yi ta kallo. Ya yi miƙa? Hancinsa da raɓa? Ya kori ƙuda? Muryarsa ta jiya ce? A gindin turken nan na koyi aikin da na ci abinci da shi har tsufa. Daga baya na shiga garkuna da yawa na nuna marar lafiya kafin mai shi ya buɗe baki, har ana raɗa cewa ina da asiri. Na hana hannaye da yawa shiga bakin saniya da jaki, wani ma har zagina ya yi. Sababbin ma'aikata da aka riƙa turo mini nakan sa su ajiye jaka a gindin itace su tsaya tukuna, wasu su ji, wasu su ce tsoho na ɓata musu lokaci. Inna kan zauna a ƙofar ɗaki da carbi tana kallona ina kallon maraƙin. In na gaishe ta takan amsa, ba yabo ba fallasa. In ta dama fura takan miƙa wa kowa da hannunta, tawa kuwa sai ta ba ƙanwata ta kawo mini.

Maraƙin bai yi komai ba, ya tashi lafiya. Bayan an yanke hatsi ƴaƴan suka sauko da garke, amma ba su sauka a gonarmu ba. Suka tsaya bayan gari suka aiko cewa sun zo ɗaukar uwarsu, za su wuce kudu. Mahaifina ya je ya roƙe su, suka ba shi haƙuri cikin mutunci, suka ce shanun ba za su kwanta a wurin ba. Da safen tafiyar na iske Inna tana ɗaure ƙorenta a kan jaki. Na durƙusa na ce ina da magana. Na ce mata tun ranar da na tsaga wuyan Wule na gane ciwon, na san akwai allura, na yi shiru fiye da wata guda saboda kunya, kuma da na faɗa a ranar, wataƙila da yau yana tsaye a nan. Ba ta daina ɗaurin ba. Ta ja igiya ta ƙulle, ta girgiza kayan ta ga sun zauna, sa'an nan ta juyo. Ta ce tun da na daina bi ta ruga Baffa ya ce mata yaron nan ya ga wani abu a wuyan Wule, tafiyarsa ta sake, a ƙyale shi zai zo da kansa. Abin da ba su sani ba a lokacin shi ne akwai allura.

“Shi ya yahe maka tun shina da bakin magana, ni shaida ce,” ta ce. “Ni kuwa, ɗana, ka ba ni lokaci.”

Ta kora jakinta, maraƙin na biye da ita. Ba su sake saukowa ƙasarmu ba. Na yi shekaru ina tambayarsu a kasuwannin bisashe, wani ya ce ya gan su ta wajen Kabi, wani ya ce sun yi nisa fiye da haka. Yanzu na wuce shekarun da Baffa ya rasu a cikinsu, Inna kuwa ba shakka ta daɗe a ƙasa. Ban san inda kabarinta yake ba, ban kuma ji ko lokacin ya yi ba.